Keken da Na Saya da Kuɗin Baba Nomau

Ko da ni na so in manta da wannan rana, ƙafafuna ba za su yarda ba, don su suka taka daga Ƙarfi har Malumfashi da tsakar rana.

Lokacin ba a daɗe da samun 'yancin kai ba, ina sabon malamin firamare, ina jin kaina kamar ni na ƙirƙiro boko. Akwai wani dattijo Bamaguje a Ƙarfi, Baba Nomau, manomin auduga, wanda nake raka shi gidan waya na Funtua duk kaka ya zuba kuɗinsa a asusu. Ranar da ya buɗe asusun, akawu ya tambaye shi sunan wa za a rubuta ya karɓi kuɗin idan ta Allah ta kasance. Ya nuna ni da haɓa, ya ce, "Rubuta Malam, shi ya iya sa hannu."

Shekara huɗu bayan nan Baba Nomau ya rasu. Na kai littafin ajiya da shaidar rasuwa, akawu ya duba, ya ce lalle ni ke da haƙƙin karɓa, ya ƙirgo mini fam arba'in. Wallahi ban taɓa riƙe kuɗi irin wannan ba. Kafin in kai tasha na gama yi wa kaina fatawa: takarda ta ce ni, hukuma ta ce ni, kuma ai tsohon yana ƙaunata. Ban bar Funtua ba sai da sabon keke na fam goma sha uku.

Bayan mako biyu matarsa, Inna Kande, ta aiko cewa dangi za su taru, in zo. Na cusa sauran kuɗin a aljihu, da niyyar in ba ta fam biyar na gaisuwa (ku ji fa, daga cikin kuɗin mijinta zan yi mata alheri). Na shiga gidan ina kaɗa ƙararrawa, keken ko takardar jikinsa ban ɓare ba.

Inna Kande ta sa aka yi mini shimfiɗa a gaban kowa. Ta ce da dangi, "Ga mutumin da mai gidan nan ya ba amana. Ya ce mini kuɗi a hannun Malam ya fi na cikin tukunya kwanciyar hankali. Da su za mu sayi shanun noma, kada gonar ta kwana bana."

Ta ɗauko wani ɗan gora ta zazzage angurya a kan faifai. Ashe duk fam ɗin da mijinta ya kai Funtua, ita tana jefa ƙwaya ɗaya a gora. Ni da nake ganin ba wanda ya san lissafin sai ni da akawu.

Na fito da kuɗin. Ƙanen marigayi ya riƙa ajiye takardar fam yana ɗauke ƙwaya, har kuɗi suka ƙare, ga ƙwaya goma sha uku zaune a faifai suna kallona. Na ji kunyar da ban taɓa ji ba, na yi fatan ƙasa ta tsage in shige.

Inna Kande ta dubi faifan, ta dubi keken, ta dube ni. Sai ta ce, "Ashe har ka sayo keken da ya yi wasiyya a saya wa gidan nan. Sannu Malam, ka hutar da mu zuwa Funtua."

Ni na san bai yi wannan wasiyya ba, ita ma ta sani. Dangi kuwa suka hau sa mini albarka, ina amsawa da amin kamar mutumin kirki.

Da zan tafi ta rako ni bakin zaure, ta miƙo mini kaza. Na ce, "Inna, ki yafe ni, ni dai..." Ta katse ni. "Mijina ya yabe ka a gaban 'yan'uwansa. Ba zan bari a ce ya mutu bai san mutane ba. Kama hanya, rana na yi."

Haka na tako har Malumfashi, kaza a hammata. Daga baya ta sayar da keken da faɗuwar fam biyu, na cika mata daga albashina, ta karɓa. Shanun suka shiga gona kafin shuka.

Na yi shekaru ina koyarwa, ban haɗu da wanda ya fi matar nan ilimi ba. Tun daga ranar, duk wanda ya ce zai sa sunana a takardar ajiyarsa, nakan ce masa to, amma ya sani ni ɗan aike ne, kuma a ƙasa zan kawo saƙon.