Ranar da Na Yi wa Baturiya Ta'aziyya

Ba zan taɓa mantawa da wata Alhamis a unguwar Dokki ba. Ko na so mantawa, mutanen gidana ba za su bari ba.

Mun daɗe a Alƙahira. Karatu ne ya kawo maigidana, ya gama, zama ya kama mu. Yanzu tafinta yake yi wa marasa lafiyar da ke zuwa asibiti daga gida. Ni kuwa daga kicin sai kasuwa sai masallacin unguwa. Babbar 'yarmu Nafisa ce ke karatun aikin jarida a jami'a a Giza, kuma a shekararta ta ƙarshe aka ba ta bincike a kan wani Bature ɗan Ingila, cikin waɗanda suka fara harkar fim tun fim bai iya magana ba.

Mutumin nan sai da ya zama kamar ɗan gidanmu. Ina yanka kuɓewa, Nafisa na ba ni labarinsa: yadda ya fara da wasan kwaikwayo a dandamali, ya koma gaban kyamara, ya ga labaran da ake ba shi ba su gamshe shi ba ya fara rubuta nasa, har ya zama shi ke rubutawa, shi ke ba da umarni, shi ke fitowa. (Na ce wannan ai matar gida ce, ita ce girki ita ce wanke-wanke.) Da fim ya fara magana sai kasuwarsa ta mutu, yawancin finafinansa ma suka ɓace. Har tausayinsa nake ji.

Sai ga labari cewa za a nuna ɗaya daga cikin finafinan da suka tsira a wani ɗan zauren taro a Dokki, kuma jikarsa, wata tsohuwa, za ta halarta. Nafisa ta kasa cin abinci. Malaminta ya ce in ta samu tsohuwar ta yarda suka yi hira, bincikenta ya tsaya da ƙafafunsa. In ba ta samu ba, sai ta haƙura da makin da littattafai suka ba ta. Washegari kuma matar za ta hau jirgi.

Na ce zan raka ta. Ta dube ni, ta dubi mayafina.

"Umma, don Allah, zama kawai za ki yi."

"Yo da rawa zan yi?"

Aka kashe fitila, wani saurayi ya zauna gaban fiyano yana kaɗawa. Sai ga mutumin namu a bango, dogo mai ƙasumba, idanu kamar an zizara masa kwalli. Ya fito a uban da 'ya'yansa suka watse suka bar shi. Ba magana, amma wallahi na ji komai. Da ya zo mutuwa a kan wata kujera, hannunsa ya saki, sai da na jiƙa gefen mayafina.

Fitila ta dawo, na raɗa wa Nafisa, "Yana raye kuwa?"

"Ya rasu, Umma. Ga jikarsa can."

Ta tashi neman malaminta. Ni kuwa na dubi inda ta nuna: tsohuwa siririya, baƙaƙen kaya daga wuya har ƙafa, tana goge ido da hankici. To, wanda ya zauna a Masar ya san mace ba ta shiga baƙi haka sai an yi mata rashi. (Daga baya na ji su Turawa kwalliyar fita ce, idon kuma sanyin na'ura ne ya dame shi.) Fim ɗin nan ya girmi kakata. Da na tsaya na yi lissafin da aka koya mini a sakandare, da na tsira. Ban tsaya ba.

Abin da ya ƙona mini rai, ba wanda ya yi mata gaisuwa. Ana shan shayi, ana dariya, ana ɗaukar hoto da ita. Baiwar Allah ta baro ƙasarta da zafin mutuwa, ba mai ce mata ya haƙuri! A gidanmu, in ka wuce mai makoki ba ka durƙusa ba, har ka tsufa ana faɗi.

Na kutsa cikin mutane, na durƙusa a gabanta, na kama hannayenta biyu. Na fara da Larabcin da maƙwabtana ke yi a gidan makoki, na ga ba ta gane ba, sai na kwaso Turancin sakandare na karkaɗe shi.

"Ashe an yi rashi. Sai haƙuri. Allah ya ba ku dangana. Ya yi jinya ne, ko farat ɗaya?"

Ban lura ba, ƙaramin makirufon da aka maƙala mata a wuyan riga yana nan a kunne. Muryata ta cika zauren, har da shessheƙar.

Fuskar tsohuwa ta yi fari fat. "Wa ya mutu?"

Na ce a raina, kaito, ruɗewa ce. Na ƙara matse hannunta. "Tsohon naku. Duk mai rai mamaci ne."

Ashe ta bar mijinta a otal ba ya jin daɗi. Ta fizge hannunta, ta hau zazzage jaka tana kiran sunansa, kofin shayi ya kife. Mai fiyano ya miƙe tsaye. Ta samo waya, ta buga wa mijin, zaure ya yi tsit. Can sai muryar wani tsoho ta fito ta lasifika, cikin faɗa, yana tambayar dalilin da za a tashe shi daga barcin rana.

Nafisa ta iso da gudu, malaminta na biye. "Umma! Me kika ce mata?"

"Gaisuwar kakanta na yi."

Ta rufe ido. "Umma, tun ba a haife ta ba ya rasu."

Ina durƙushe har lokacin. Nafisa ta yi bayani da Turanci, malamin ya fassara wa sauran da Larabci, don haka kunyata sai da ta zaga harshe biyu. Dariya ta ɓarke. Wata Bamisriya na bubbuga kafaɗata tana "Ma'alish, ya Hajja, ma'alish," wato ba komai, ita ma hawaye take yi don dariya. Ban ji ta kaina ba kamar yadda na ji ta Nafisa, da ta tsaya riƙe da 'yar na'urar ɗaukar murya. Na ce khalas, shi ke nan, na kashe wa yarinya shekara guda.

Tsohuwa ta sha ruwa, numfashinta ya dawo. Ta dube ni, sannan ta ce wani abu ta nuna kujerar kusa da ita.

Na tambayi Nafisa, "Me ta ce?"

"Ta ce ta karɓi gaisuwa, ko da yake kin ɗan makara. Kuma za ta yi hirar, in kin yarda kin zauna inda za ta riƙa ganinki, kada ki je ki kashe wani."

Aka yi hira har aka kira magariba. Ni kuwa ina zaune inda aka ajiye ni.

Ban daina gaisuwar mutuwa ba, Allah ya kiyaye. Sai dai yanzu kafin gwiwata ta taɓa ƙasa nakan tambayi abu biyu: waye, kuma yaushe. Ko kwanan baya da muka kai baƙi ganin dalar Giza, muna isa ƙofa maigida ya matso kusa da ni ya yi ƙasa da murya.

"Maman Nafisa, masu gadin nan sun riga sun ji labarin mutuwar Fir'auna. Ki bar su."