Kwakwar Yaya Idi

Ba zan taɓa mantawa da shekarar da na dawo Karofane, garinmu a ƙasar Adar, daga makarantar noma ba, kaina a kumbure, ina ganin kowa jahili.

A garkarmu akwai kwakwa ɗaya tak. Yayana Idi ne ya taho da ita daga Abijan ya dasa, ya koma bida, wato ci-rani, can ya rasu. Inna ta rene ta da ruwan rijiya har ta kai tsayin mutum.

Ni kuwa na ce taki take so. Na tula kashin shanu da ruɓaɓɓen kara kusa da gindinta, na kewaye da ƙaya don kada kaji su tona. Da tsutsar gwazarma ta cika tulin, farare ƙatti, Inna ta ce in bar kaji su cinye su. Na ce, "Inna, ma'aikatana ne, su ke dafa takin." (Har da ɗaga yatsa, Allah ya yafe mini.) An koya mana cewa su ne ke zama ƙwaro mai ƙaho, mai huda zuciyar kwakwa, amma ban saurari darasin ba. Cewa na yi, wa ke da kwakwa a Adar? (Mu.)

Bayan damina na tara masu garka su ga aikina. Wani ya nuna ganyen da ya fito kamar an yanka da almakashi, na ce iska ce. Don in nuna musu lafiyarta, na kama tohon tsakiya na ɗan ja.

Ya biyo hannuna gaba ɗaya, ruɓaɓɓe, yana wari. Wani baƙin ƙwaro ya leƙo daga ramin da ƙahonsa. Kwakwa kuwa zuciya ɗaya gare ta, in ta mutu shi ke nan.

Da ma dariya aka yi mini, da ya fi. Amma ba wanda ya yi. Inna ta zo ta karɓi tohon, ta naɗe a gefen zanenta.

"Ku tai gida, an ƙare karatu," ta ce musu. Sannan ta dube ni. "Ita ɗai tar rage min ta Idi."

Na watsa takin, na zaƙulo ƙwarin da waya, na zuba rairayi tsakanin rassan. A banza. Kafin sanyi ya wuce ta bushe ƙarau. Inna ba ta sake tayar da maganar ba, kuma ba ta sake taka garkar ba. Har yau abin na cin raina.

Yanzu in ilimi ya motsa mini, nakan fara gwada shi a kan abin da ake samun irinsa a kasuwa.