Wasannin Gida da Na Tsara wa Tirmini

Na manta abubuwa da yawa daga shekarun da na yi ina koyarwa, amma wata Lahadi a Tirmini ba zan taɓa mantawa da ita ba. Ko na so in manta ma, 'yan unguwarmu ba za su bar ni ba.

Ni ɗan unguwar Birni ne, haihuwar tsakiyar Zinder, jikan dukawa. Fata na sani, takalmi na sani, gero kuwa a tuwo kawai muke haɗuwa da shi. A watan Janairu aka tura ni lakwal ɗin Tirmini, wato makarantar bokon garin, in maye gurbin wani malami da aka ɗauke, darasin da aka ba ni kuma labarin ƙasa ne. (Ee, ni ne mai zana wa yara rani da damina a allo. Ku yi dariyarku tun yanzu.) Na sauka da jakar hannu da tabarau da wani irin ji da kai, na mutumin da ya ɗauka an aiko shi ne ya waye ƙauye.

Samarin garin suna da ƙungiyar ƙwallo, kyaftin ɗinsu kuma Laminu, wani dogon mai tsaron baya da ya haura shekara talatin. Shekara da shekaru yana hawa babur zuwa Zinder yana roƙon kwamitin wata gasa da a sa Tirmini a ciki, kullum sai a ce babu gurbi. A shekarar da na zo aka samu gurbi ɗaya aka ba su, bisa sharaɗi. Kowace ƙungiya za ta kawo a rubuce ranaku takwas da za ta karɓi baƙi a filinta, daga Maris zuwa ƙarshen Satumba. Wadda ta kasa karɓar baƙi a ranar da ta sa da hannunta ta yi asarar wasan, in kuma kwamiti ya ga ba za ta iya sauran ba, a cire ta. 'Yan ƙauyen Dakusa suna nan a bakin ƙofa suna jiran wani ya yi tuntuɓe.

Laminu ya zo ya durƙusa har ƙasa ya ce tunda Mushe (haka ake kiran malamin boko a wajenmu, daga Faransanci) ne mai alƙalami a garin, a taimaka a rubuta musu. Ranaku kawai ya roƙa, a takarda ɗaya. Ni kuwa na ji kamar an naɗa ni minista.

To, akwai wani ɗan kawuna da ke tuƙin tasi a Amurka. Da ya zo ganin gida, tsarabar da ta faɗo kaina wani ɗan kati ne mai maganaɗisu a baya, irin wanda ake mannawa a jikin firji. Jadawalin wasannin wata ƙwararriyar ƙungiyar besbol ce, wasan nan nasu da ake dukan ƙaramar ƙwallo da kulki a ruga da gudu. Har yau ban san yadda ake ci a wasan ba. Amma katin ya tafi da imanina. Kowane wata da gidansa, kowace rana da ɗan akwatinta, wasannin gida an shafe su da ja, na waje an bar su farare, tun daga Afrilu har Satumba, ba cunkoso ba hayaniya. Na dube shi na ce wa kaina, ga yadda mutanen da suka san abin da suke yi suke tsara lokaci.

Na samu labarin cewa sauran ƙungiyoyin ƙauye duk sun cusa wasanninsu na gida tsakanin Maris da tsakiyar Mayu, wasu har biyu a mako. Na yi musu dariya sosai. Wa ke gudu a zafin Afrilu na Damagaram in ba wanda ya gaji da ransa ba? Sai na sa wasa ɗaya a Afrilu, ɗaya a Mayu, sauran shidan na shimfiɗa su daga Yuni zuwa Satumba, lokacin sanyin damina, kamar yadda ƙwararru suke yi. Na kai wani shago kusa da kasuwar Dole aka buga mini da launi, aka sa masa leda mai ƙarfi, har da hoton ƙwallo a sama.

Ranar da na nuna wa 'yan wasan, Laminu ya daɗe yana kallon takardar kafin ya yi magana.

"Mushe, wannan ai lokacin ruwa ne."

Ban bar shi ya ƙara ba. Na gyara tabarau na ba su lacca ta kusan rabin awa: yadda Turawa suke wasa ruwa na zuba a kansu, yadda tsoron ruwa yake cikin abubuwan da suka hana mu ci gaba, yadda ƙwararre ba ya duba sama kafin ya ɗaura takalmi. Suka sunkuyar da kai suna zane a ƙasa. A can ba a musu da malami a gaban jama'a, ni kuma na ɗauki shirun nan a matsayin na ƙure su.

Bayan kwana biyu Laminu ya sake tare ni ni kaɗai, ya ce filin da suke wasa na Baba Ari ne, ya kamata in je in nuna masa. Na ɗauka maganar ladabi ce kawai. Baba Ari ƙanen mahaifin Laminu ne, dattijo mai ƙarancin magana. Na same shi a ƙofar gida yana gyara ƙotar wani dogon abu da ban san sunansa ba. Na gaishe shi, na miƙa masa jadawalin ina yi masa bayanin jan akwati da farin akwati. Ya sa yatsa a kan wani ja ya tambayi wane wata ne, na ce Yuni. Ya gyaɗa kai, sannan ya tambaye ni ko mahaifina yana noma. Na ce a'a, aikin fata muke yi tun kakanni. Ya ce ya ga alama. Na koma gida ina murna, a zatona takalmina ya yaba.

Gaskiyar magana, babu wanda ya buɗe baki ya ce mini filin nan gona ce. A Tirmini abin ya fi ƙarfin a faɗa, kowane yaro ya sani. Dattijon yana ara wa samari ne bayan an cire amfani an kwashe kara, har ranar da ruwan shuka ya sauka. Ni da na zo a tsakiyar rani, fili na gani shimfiɗe tas, da raga biyu da wata bishiyar gawo a gefe.

Kwamiti kuwa, 'yan ofis ne irina. Shugabansu ya ɗaga jadawalina sama a gaban wakilan duk ƙungiyoyin ya ce a yi koyi da Tirmini. Wasan Afrilu muka ci, na Mayu muka yi kunnen doki. Kaina ya ƙara kumbura, har na fara sa a kira ni sakatare janar.

Wasa na uku ya faɗo tsakiyar Yuni, kuma da ƙungiyar Birni ne, wato unguwarmu, yaran da muka taso tare da ƙannensu. Na tafi gida tun ranar Juma'a don in taho da su da kaina. Na zaga majalisa uku ina cika baki, na ce su zo su ga yadda mutum ɗaya mai ilimi yake gyara ƙauye guda. Shugaban kwamiti ma ya ce zai zo ya ga filin masu jadawalin zamani. Ranar Asabar da yamma hadari ya haɗu ta yamma, amma a Zinder ko ɗigo bai sauka ba, iska kawai ta yi ta wuce. Lahadi da safe na ga kiran Laminu har huɗu a wayata. Na ce a raina yaro ya tsorata da 'yan birni, ban kira shi ba.

Bayan azahar muka ɗauki hanya a mota biyu, ina gaba kusa da direba. Muna kusantar Tirmini na fara ganin ƙasa ta yi duhu, ga ƙanshin ruwa yana shigowa ta taga. Dama da hagu kuma mutane ne a gonaki, maza da mata, an jeru ana tafiya a hankali. Na juya na yi wa 'yan motar bayani cewa wannan shi ake kira shuka. (Allah ya yafe mini, har da ɗaga yatsa.)

Muka sha kwanar filin. Abu na farko da na lura da shi, babu raga. An tuge sandunan an jingine su a jikin gawo. Abu na biyu, 'yan wasana suna nan a filin, kusan dukansu, wasu ma sanye da rigunan wasan da na sa aka buga wa lamba. Laminu yana gaba da dogon abin nan da na ga Baba Ari yana gyarawa, wanda ranar na san sungumi ake ce masa, yana sara ƙasa taku bayan taku. Sauran suna biye da shi da ƙorai, kowa ya jefa iri a rami ya rufe da diddige. Tunda nake da su ban taɓa ganin sun tsaya a layi mai kyau haka ba.

Sai wani daga bayan motar ya tambaya ko wannan ne sabon salon motsa jiki da na kawo daga Amurka. Dariya ta ɓarke.

Mai hankali da ya tsaya a nan ya nemi gafara. Ni sai na diro daga mota, na zaro jadawalin daga jaka, na kutsa cikin gonar da takalmina mai sheƙi. Na nufi Baba Ari da ke tsaye a tsakiya da buhun iri, na ɗaga masa takardar kamar sammaci.

"Baba, yau jan akwati ne. Ga shi a rubuce, yau wasan gida ne."

Bai ko kalli takardar ba, ƙafata ya kalla.

"Mushe, ɗaga ƙafarka, ka tsaya mini a kan rami." Na ɗaga, na sauke ta a kan wani. Ya ce, "Jiya Allah ya ba mu ruwa. In ƙasar nan ta bushe ban shuka ba, takardarka za mu ci bana?"

Na fara maganar kwamiti da dokar gasa da ƙwararru. Ya bar ni na gama, sannan ya miƙo mini ƙwaryar iri ya ce tunda na riga na shigo layi, in ƙarasa shi, don baƙi ma in sun zo ranar shuka hannu ake ba su. Ban san abin da ya hau kaina ba, na karɓa. Ina jin na ɗauka in na nuna ni ma na iya, zan ceci wani abu daga mutuncina. Na dumbuzo gero cike da hannu na zuba a rami ɗaya, na tattake shi da ƙarfi har takalmin ya nutse ya maƙale, na zaro ƙafa da safa kaɗai. Wata tsohuwa da ke layin kusa ta ce in bar musu irin haka nan, kada in ƙarar da na gonar a rami uku. Da na waiga, 'yan Birni sun jeru a bakin gona, kowa ya ɗaga wayarsa yana ɗauka.

Alƙalin wasa ya jira minti goma sha biyar kamar yadda doka ta ce, ya hura usur a gefen gona, ya ba Birni wasan. Shugaban kwamiti ya karɓi jadawalin daga hannuna, wanda shi da kansa ya ɗaga sama watanni uku da suka wuce, ya ƙirga jajayen akwatunan da suka rage. Biyar ne: sauran Yuni, Yuli, Agusta, Satumba. Ya tambayi Baba Ari yaushe filin zai dawo, dattijo ya ce in Allah ya sa an cire amfani lafiya. Ya tambaya ko akwai wani fili, Laminu ya ce duk inda ido ya kai yau gona ne, 'yan wasan ma daga nan sai noman farko. Shugaban ya naɗe takardar ya sa a aljihu. Kafin mako ya zagayo aka cire Tirmini, aka ba Dakusa gurbin.

Hoton ya riga ni isa Birni. Mahaifiyata ma a wayar maƙwabciya ta gan ni, tsaye da ƙafa ɗaya, ƙwarya a hannun dama, jadawali a hammata. Wannan kunyar na iya haɗiye ta, don na cancance ta. Wadda ta tsaya mini a wuya ita ce ta Laminu. Shekarar da ta biyo baya ba a samu gurbi ba, wadda ta biyo bayanta kuma gwiwarsa ta hana shi gudu. Mutumin da ya ƙarar da ƙuruciyarsa yana neman shiga gasar nan, wasa biyu kawai ya buga a gaban mutanen garinsu, kuma ni na jawo.

Sai da na yi wata biyu kafin na iya zuwa ba shi haƙuri. Na same shi a gonar, gero ya kai masa ƙirji. Na yi ta kame-kame, na ce da ya fito fili ya gaya mini. Ya jingina da hauyarsa ya dube ni ba fushi ba dariya.

"Na faɗa sau biyu, na kira sau huɗu, Mushe. Amma ba komai. Takardar dai ta yi kyau."

Da mari ya ɗauke ni da shi, da ya fi mini sauƙi. Tun daga ranar na koyi abin da ba a koya mini a makarantar horon malamai ba: kafin ka sa rana a kan ƙasar wani, ka fara tambayarsa me yake yi da ita, kuma in ya buɗe baki ka rufe naka har ya gama. Har yanzu ina koyar da rani da damina, sai dai in muka zo darasin, alli nake miƙa wa ɗan manomi in koma benci in zauna.