Taubashin Ƙarfi da Yaji

A wani daji da rafinsa ya fara ja da baya, Kure ne mai kula da rabon ruwa a majalisar dabbobi. Ranar taron mashaya ya hau kan suri ya gyara murya.

"Jama'a, ruwa ya yi kaɗan, masu kofato sun yi yawa. Ko dai su rage sha, ko mu rage su."

Masu farce suka tuntsire da dariya. Kyallu, wata gada mai 'ya'ya biyu, ba ta yi ba. Makwancinta yana bakin hanyar da Kure ke bi zuwa gida. Ta wuni tana lasar yaranta har suka fara ƙorafi.

Da majalisa ta zauna, Kyallu ta miƙe, ta maimaita maganar Kure kamar yadda aka faɗe ta.

Kure ya dafe ƙirji. "Haba Kyallu! Wasa fa nake yi. Ke ba ki san ni taubashinki ba ne? Kakata da kakanki uwa ɗaya uba ɗaya. Wa ya taɓa jin an kai taubashi ƙara?"

Duk dajin babu wanda ya taɓa jin wannan dangantaka. Amma Dila ya ce shi ya ji ta a bakin wani tsoho, sai dai tsohon ya rasu. Toron Giwa, shugaban majalisa, ya kaɗa kunne ya ce magana ta ƙare, wasan dangi ne.

Kyallu ta san al'ada: taubashi yana shiga gidanka ba sallama, ya ɗauki abin da ya ga dama, in ka ɓata rai a ce ba ka san zumunci ba. Amma ta san kuma shi ma ana rama masa. Ta ƙaƙalo murmushi.

"To taubashi, in ragewa za a yi, a fara da masu ɗingishi. Su suka fi daɗewa a bakin ruwa."

Kure ya janye ƙafarsa ta baya ya ɓoye.

Ya dubi Toron Giwa ya ce, "Ranka ya daɗe, ka dai ji da kunnenka. Barazana ce ga rayuwar ɗan majalisa."

"Wasa nake," in ji Kyallu.

"Bai yi kama da wasa ba," in ji Toron Giwa. "Babu wanda ya yi dariya."

Aka sa ta durƙusa ta ba da haƙuri. Kure ya yafe mata a gaban kowa, har da shafa mata kai.

Da la'asar sakaliya tana tura yaran cikin ƙaya, ta ji numfashi a bayanta.

"Taubashiya, ina 'yan abokan wasan nawa? Fito min da su mu gaisa."

A zaman majalisa na gaba an yaba wa Kure bisa riƙon zumunci, kuma babu wanda ya tashi da ƙorafi.