Haɓar Umair da Rundunar Gadin Fitilu

Jama'a, yau da safe na raka ɗana Umair wurin tantance masu neman aiki, na dawo da shi a bayan babur ya dafe haɓa da hankici kamar mai ciwon haƙori.

Masu girma, Allah ya ƙara masu basira, sun ƙirƙiro rundunar gadin fitilun titi. E, fitilun nan da ba su kamawa. Da Umair ya ce zai shiga ban hana shi ba, domin yaro ya gama karatu yana zaune, yana cin tuwon uwarsa cikin kunya. Sharaɗinsu guda ne: kowace safiya har a gama atisaye, a zo da fuska sumul, kuma askin reza.

To Umair fatata ya gado. In reza ta bi gashinmu, sai ya lanƙwashe ya koma cikin nama, ƙuraje su fito. Ya roƙi ogan atisaye a bar shi ya yi askin da kilifa, aka ce mashi nan ba ɗakin tsohuwarsa ba ne. Haka ya riƙa bin ƙuraje da reza, jini na bin wuya. Maƙwabcina Audu bakanike ya leƙo ya ce, "Malam Yari, a shafa mashi man birki, yanzu su mutu." Na ce, "Audu, ɗa na haifa, ba akori-kura ba."

Yau a wurin tantancewa likitan rundunar ya ɗaga haɓar yaron da bakin biro, ya yamutsa fuska. "Cutar fata. Ba mu ɗauka."

Na ce, "Ranka ya daɗe, ai ku kuka sa ta fito."

"Baba, mu ba mu aski a nan. Na gaba!"

Muna bakin ƙofa sai ga wata baƙar mota. Wani saurayi ya fito da gemu har ƙirji, Umair ya rantse bai taɓa ganinsa a filin atisaye ba. Ya shiga, ya fito rungume da kaki. Na tambayi mai gadi, ya ce, "Wanga ɗan Alhaji ne, gemunshi sunna ne."

"Na ɗana fa?"

"Naku gashi ne kawai."

Mun biya kyamis a Ƙofar Sauri. An ce ƙurajen za su baje, tabon ne sai dai haƙuri.

Amma kada a ce ban gode ba. Cikin duk abin da masu girma suka taɓa ba gidana, wannan tabon ne kaɗai na tabbata zai daɗe.