Ranar da Na Zo Ta Ɗaya a Awon Jini

Ba zan taɓa mantawa ba da ranar kasuwar Kibiya da na ɗauki lasifika da hannuna na tona wa kaina asiri, ba tare da kowa ya aike ni ba.

Sai da na aurar da 'ya'ya uku sannan na shiga ajin yaƙi da jahilci a Unguwar Gai. Na shiga da zafina, kuma tun jarrabawar farko ban taɓa sauka daga ta ɗaya ba. (Mu goma sha ɗaya ne a ajin, biyu ba sa gani sosai, amma dai ta ɗaya ta ɗaya ce.) Babban abin da boko ya cusa min a kai shi ne, wadda lambarta ta fi yawa ita ta ci.

Lokacin da siyasa ta dawo, kowane kansila yana neman abin da zai nuna wa jama'a. Namu ya ɗauko ma'aikatan lafiya daga Rano su auna mutane kyauta, a gano hawan jini tun bai taɓa zuciya ba. Ni aka ba wa aikin tara mata, don an san bakina. Kuma ina da dalilina. Yayata Hassi ta yanke jiki ta faɗi a bakin murhu, ɓarin jikinta ya shanye, muka yi wata shida muna turare muna cewa iska ce, sai daga baya likita ya ce jini ne ya daɗe yana hawa ba a auna ba. Don haka na bi gida gida ina zazzaga masifa. "Ke Tabawa, jira kike ki kife a kan turmi? Fito!"

Ni kuwa ban taɓa miƙa hannuna an auna ba. A kan me? Mace cikakkiya, wadda zani ɗaya ba ya zagaye ta. Ciwon ƙeya da jirin da ke ɗiba ta in na tashi, duk na ɗora wa surutun jikoki.

Ranar aka kafa rumfa biyu, ta maza da ta mata, da zana a tsakani yadda shari'a ta tanada. Aka damƙa min rajista da lasifika, na yi ta ba kasuwa labarin Hassi. Malamar asibitin, wata 'yar siririya mai suna Sista Rabi, tana ɗaura wa mace abin awon a dantse, ta matsa ya kumbura, ta saurara da wani abu da ta saƙala a kunne, ta faɗi lamba, ni in rubuta. Ɗari da ashirin. Ɗari da goma. Ba wanda ya gaya min ma'anar lambar, ni kuma girman kai bai bar ni na tambayi sa'ar 'yar cikina ba. Abin da mu mata muka sani tun zamanin awon ciki shi ne, "Jininki ya yi ƙasa, ki riƙa cin ganye." To sai na ɗauka yawan jini lambar ke nunawa, shi kuma ciwon da abin nan na kunnenta take jiyo shi. Ina rubuta ɗari da goma ina tausayin mai ita. Har na ja Tabawa gefe na ce, "Ki ji tsoron Allah ki riƙa cin abinci."

Ana haka layi ya zo kan Iya Gambo mai daddawa, ta naɗe hannunta cikin mayafi ta ƙi bayarwa.

"Ke 'yar nan, tun safe kike kora mu kamar awaki. Naki hannun na zinare ne?"

Mata suka ɗauka, "Gaskiyarki Iya!"

Na ce sai me? Na zauna daram, na yaye hijabi. Da ƙyar abin ya zagaye dantsena (har wannan ma na ji daɗinsa). Sista ta auna, ta ɓata fuska, ta sake aunawa. Sannan ta sunkuyo ta raɗa min, "Mama, ɗari da casa'in da biyar."

Na ɗauka ta yi raɗa ne don kada sauran su ji kunya. Ni ko ban ga dalilin ɓoye baiwar Allah ba. Na miƙe na raɓa lasifika a baki.

"Jama'a mata, ku saurara! Ɗari da casa'in da biyar! Tun safe ba wadda ta kamo ƙafata! Wannan shi ake kira cin mai kyau: manja ya ji, gishiri ya ji, dunƙule huɗu a tukunya ɗaya. Ku yi koyi da na gaba!"

Wata daga baya har da rangaɗa guɗa.

Sista ta ruƙo gefen hijabina ta miƙe, bakinta ya zo daidai da lasifikar da ban kashe ba. "Mama, don Allah ki zauna. Duk waɗanda muka auna yau, ke kika fi kusa da abin da ya sami yayarki."

Har 'yan tumatir sai da suka ji. Can daga bayan zana sai muryar Malam, maigidana, mutumin da shekara talatin bai taɓa ɗaga min murya ba: "Sista, ki sake auna ta a gida, wallahi can ta fi haka!"

Ɓangaren maza ya fashe da dariya, na mata ya amsa. Iya Gambo ta ce, "To a ba ta kyautarta mana, ai ta zo ta ɗaya."

Dariyar ba ita ta dame ni ba. Bakin Hassi na tuna, yadda ya karkace, da yadda nake ba ta kunu a cokali yana zubowa. Na zame na zauna a tabarma ba tare da an ce min zauna ba. Ni da na tara jama'a, ni kaɗai aka sa a mota aka wuce da ni asibitin Rano. Rajistar ma Tabawa aka ba wa ta riƙe, wadda ke zuwa ta tara a aji.

Yanzu kullum safe ƙwaya ɗaya. Miyata ta koma salam kamar ta gidan makoki, kasuwa kuma a ƙafa nake zuwa, kuma duk wata sai na miƙa dantse. Sunan "Ta Ɗaya" dai ya bi ni, har jikokina da shi suke kirana. Awon da aka yi min na bayan nan ɗari da talatin ne, kuma ban gaya wa kowa da ƙarfi ba.

Abin da na koya, 'yar'uwa: ki je a auna ki tun kina tafiya da ƙafarki. In an faɗa miki lamba kuma, ki tambayi me take nufi kafin ki nemi lasifika.