Hancin Yaya, Dama ko Hagu?

Yau da safe aka juyo da mu daga ƙofar ɗakin gashi na asibiti, ni da Yayana. Kafin ku naɗe hannun riga ku taya ni zagin hukuma, ku sani wannan karon da hannuna a ciki dumu-dumu.

Yaya mai gasa burodi ne. Shi ya riƙe ni bayan rasuwar mahaifinmu, kuma tun tasowata ban taɓa ganin ya duba agogo a bakin tanda ba, hancinsa ke gaya masa burodi ya yi. Bara sai ga shi tsaye a gaban faranti burodi yana ƙonewa bai ji ƙauri ba. Daga nan haɓo ya ƙi tsayawa. Bayan hotuna da gwaje-gwaje likita ya ce ciwon daji ne a jijiyar jin ƙamshi, wadda ke kai saƙo daga hanci zuwa ƙwaƙwalwa, kuma a fara gashi da wuri kafin abin ya taɓa ido. Yaya ya yi dariya ya ce, "Ni da nake gasa na wasu, yau layi ya zo kaina." Ni kam bayan gida na shiga na sha kukana.

Ashe ita inshorar lafiya ba ta san ciwo ba, lamba ta sani. Kowace cuta da lambarta, wannan jijiya kuwa biyu ce, ta dama da tata lamba, ta hagu da tata, ga kuma ta uku ta "ba a fayyace ba". Likitanmu, Allah ya ƙara masa ilimi, bai rubuta ɓangare ba ya tafi taron ƙara wa juna sani kan yadda za a sauƙaƙa wa marasa lafiya. Aka manna wa Yaya ta ukun. Inshora ta ce ita ba ta biyan hancin da ba a fayyace ba.

Na soka biro a aljihun gaba don a san da wa ake magana, na nufi sashen lambobi. Malamar da ke kan kwamfuta ta ce, "Dama ko hagu? In ba ka da tabbas ka jira likita ya dawo."

Na ce, "Haba Malama! Ni da nake goge masa jinin nan da hannuna? Dama!" Har da ɗan buga tebur.

A nawa ganin gaskiya na faɗa. Kullum gabansa nake durƙusawa in canza masa auduga, muna fuskantar juna, audugar tana ta wajen hannun damana. Ko sau ɗaya bai zo mini a rai ba cewa damata hagunsa ce. Ni ne fa mai koya wa manya aikinsu kowane mako a wannan shafi.

To yau mai na'urar gashi ya ɗaga hoto ya dubi lamba, ya ce hoto na cewa hagu, lamba na cewa dama. "Baba, inda aka biya ba ciwo, inda ciwo yake ba a biya ba." Aka ba wani layinmu muna kallo. Tela maƙwabcinmu, wanda ya kawo mu a motarsa, ya dafa kafaɗata ya ce, "Malam marubuci, ka gode wa Allah hanci ne. Da ƙafa za a yanke fa?"

Gyara, aka ce, sai a wajen Mai Girma Shugaban Kwamitin Gyaran Lambobi, kuma dole marar lafiya ya je da ƙafarsa. Dole in yaba, ofis ne na gani na faɗa. Ga sanyi, ga darduma mai cinye takalmi, ga turaren fesawa da ya sa ni atishawa tun daga ƙofa. Yaya bai ji komai ba. Muka zauna a benci har Mai Girma ya dawo daga cin abinci, ya gama waya, ya leƙo mu ta saman tabarau. Ya ƙura wa audugar hancin Yaya ido.

"Ai ga shi nan a dama," in ji shi. "Me kuke so a gyara?" Ya ɗaga hatimin ƙin amincewa.

Wallahi a wannan lokacin na ji wata irin 'yan'uwantaka tsakanina da babban mutum. Wautarmu iri ɗaya, albashi ne kawai ya bambanta. Na yi wuf na ce, "Ranka ya daɗe, taso ka zauna kusa da shi ka gani."

Ya dubi bencin, ya dube ni. "Ni?"

Sai Yaya ya miƙe a hankali, ya juya masa baya, ya ɗaga hannun ɓangaren da ke ciwo. "Ranka ya daɗe, wanne hannu na ɗaga?"

Can Mai Girma ya ce, "Hagu," ya ajiye wancan hatimin ya ɗauki wani.

An sake ba mu rana, sai wata mai kamawa. A matakala na ga idon Yaya na hagu yana tsiyayar da ruwa. Ya goge da bayan hannu ya ce, "Turaren ofishin nan ne, ƙanina, kar ka damu." Turaren da ko jin sa bai yi ba. Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige, don na san ko wane ne ya janyo masa wannan jiran. Na koma gefensa na riƙe masa hannu, muka sauka tare.

Af, in kun ga na daina zama gaban mutum in ana hira, sai dai gefensa, ba girman kai ba ne. Dama da hagu nake koyo, da furfurata.